Mun Kwaso Hawayen, Mun Baro Dariyar a Madaras

A bakin kasuwar Samaru akwai shagunan da ake tura wa mutane fina-finai a waya. Wata ranar Asabar na tsaya a ɗaya daga ciki ina jiran a duba mini caja, sai ga wani matashi ya miƙa wayarsa, ya ce a cika masa ita da Indiya-Hausa, amma na faɗa, kada a kuskura a sa masa na kuka. Mai shago ya shiga jero masa jarumai: Vijay, Suriya, Allu Arjun, Prabhas. Na ce wa mai shagon, “Samari, duk waɗannan da ka lissafa, wane yare suke yi kafin a fassara?” Ya dube ni kamar na tambaye shi launin nono, ya ce, “Haba Baba, ai Indiyanci ne.”

Babu wani harshe a duniya mai suna Indiyanci. Vijay da Suriya Tamil suke yi, Allu Arjun da Prabhas kuwa Telugu, kuma tsakanin waɗannan biyun da Hindin da Amitabh Bachchan yake yi, ba dangin iya ba na baba. Ban ga laifin yaron ba, don ni ma da haka na tashi. Wanda ya fara gyara mini wani malaminmu ne na lissafi, mutumin Madaras, ɗaya daga cikin ɗimbin Indiyawan da suka koyar a makarantun Arewa da Jami’ar Ahmadu Bello a shekarun 1970 da 1980. Mun taɓa haɗa baki muka rera masa wata waƙar fim don mu burge shi. Ya saurara har muka kai aya, sannan ya ce shi ma kusan kamar mu yake, daɗin muryar yake ji, maganar ciki sai tsinta-tsinta.

Masu jin Tamil sun haura miliyan 70 a duniya, adabinsu ya girmi na Hindi nesa ba kusa ba, kuma a 1965 har jini aka zubar a jihar Madaras saboda sun ƙi yarda a ɗora musu Hindi ya zama shi kaɗai ne harshen gwamnati. Masana’antarsu ta fim tana unguwar Kodambakkam, a birnin Madaras da aka sauya wa suna zuwa Chennai a 1996. Mu kuwa mun daɗe muna cin tuwon Madaras da miyar Bombay ba mu sani ba. Vyjayanthimala da Hema Malini da Rekha da Sridevi, duk a ƙasar Tamil aka haife su. Tere Naam na 2003, wanda aka sha kuka a kansa a gidajenmu, daga Sethu na 1999 aka juyo shi. Ghajini da muka sani da Aamir Khan a 2008, Suriya ne ya fara yin sa da Tamil a 2005, haka ma Singham. Kiɗan Taal da na Dil Se, wanda masu fiyano a Kano suka daɗe suna lasa, aikin A. R. Rahman ne, ɗan Madaras.

Duk da wannan tsohuwar hulɗa, akwai wata haja da Madaras ta ƙware a kanta wadda ba ta taɓa zama a hannunmu ba, wato fim ɗin soyayya da aka gina shi kan dariya, waƙoƙinsa kuma suna jan labari gaba. Misalin da nake so in tsaya a kai shi ne Kadhalikka Neramillai, wanda ya fito a watan Fabrairun 1964. Ma’anar sunan ita ce babu lokacin soyayya.

Daraktansa, C. V. Sridhar, gwanin sa mutane kuka ne. Da irin soyayyar nan ta mutum uku ya yi suna, wadda dole ɗaya ya haƙura ko ya mutu, kamar a Kalyana Parisu na 1959 da Nenjil Or Aalayam na 1962, wanda shi da kansa ya sake yi da Hindi da sunan Dil Ek Mandir. Da a Kano yake, da cewa za a yi sarkin santimental ne, wato fim ɗin soyayya mai sa kuka. Abokinsa na ƙuruciya kuma abokin rubutunsa, Gopu, shi ya ja ra’ayinsa zuwa ban dariya, suka zauna suka ƙulla labarin tare. Aka ɗauke shi mai kala, a lokacin da kala sai manyan fina-finan sarakuna da na tarihi, aka yi mafi yawan aikin a gidan saukar baƙi na madatsar ruwa ta Aliyar. Jarumi Ravichandran da jaruma Kanchana duk sabbin fuska ne. Fim ɗin ya haura kwana 175 ana nuna shi a silima.

Labarin ba shi da wani nauyi. Viswanathan attajiri ne mai katafaren gandu, mai son kuɗi da son a san yana da su. Yana da ’ya’ya mata biyu da suka yi karatu, da ɗa namiji, Chellappa, wanda ya kafa kamfanin fim a baki, ya raɗa masa suna Oho, ba shi da ko sisin ɗaukar hoto ɗaya. Wani matashi talaka, Ashok, mataimakin manajan gandun, ya yi cacar baki da ’yan matan a hanya bai san ’ya’yan maigida ne ba, aka kore shi daga aiki. Maimakon ya tattara ya tafi, sai ya kafa tanti a ƙofar gidan ya yi zaman dirshan. Daga faɗa aka koma so tsakaninsa da ƙaramar, Nirmala. Ya san uban ba zai ba talaka ’yarsa ba, sai ya roƙi abokinsa Vasu, ɗan masu hali, ya manna gemu da furfura ya zo a matsayin mahaifinsa hamshaƙin mai kuɗi. Vasu ya iso, sai ya tarar babbar ’yar gidan ita ce budurwarsa da suka haɗu a Madaras. Ga shi a gidan surukai da gemun aro, masoyiyarsa tana gaishe shi gaisuwar tsofaffi. Ramin ƙarya ƙurarre ne, uban Vasu na gaskiya ya bayyana, asiri ya tonu, aka kai ruwa rana, a ƙarshe aka ɗaura aure uku.

Wurin da Tamilawa suka fi tunawa ba shi da soyayya ko kaɗan. Chellappa, wanda Nagesh ya fito a matsayinsa, yana neman jari wurin ubansa, uban ya ce to, ba ni labarin fim ɗin in ji. Sai ya shiga ba shi labarin fatalwa, yana yin ƙarar ƙofa da kukan iska da takun sawu duk da bakinsa. T. S. Balaiah, wanda ya fito a uban, ya fara da taurin kai, ya koma zare ido, ya ƙare yana makyarkyata. Ba a nuna fatalwa ba, ba a kashe kuɗin kwalliya ba, mutum biyu ne kawai a zaune. Da Sridhar ya sake yin fim ɗin da Hindi a 1966 da sunan Pyar Kiye Jaa, tare da Kishore Kumar da Shashi Kapoor, Mehmood da Om Prakash ne suka maimaita wannan zaman, kuma da wannan fim Mehmood ya karɓi kyautar Filmfare ta gwanin barkwanci. Duk wanda ya taɓa zama gaban kaka da dare tana ba da labarin Dodo ya san wannan fasahar, ba sai an yi masa bayani ba.

Sai waƙoƙin, waɗanda su ne dalilin wannan rubutu. Guda 8 ne. Masu kiɗan su ne M. S. Viswanathan da T. K. Ramamoorthy, abokan aiki da Tamilawa suka yi wa laƙabi da sarakunan kiɗa mai sauƙi, kuma shekara ɗaya bayan wannan fim suka raba gari. Baitocin na Kannadasan ne, babban mawaƙin Tamil na zamaninsa. Abin da ya kama ni, kusan kowace waƙa tana da aikin da aka ba ta. Lokacin da Ashok yake neman a mayar da shi bakin aikinsa, ba takardar koke ya rubuta ba, tawagar masu rawa ya kwaso suka tsaya a ƙofar gidan suna kiran sunan maigida suna neman aiki. Zanga-zanga ce aka mayar da ita waƙa, ga kuma wata tsokana a ɓoye, tunda sunan attajirin da ake yi wa ihu shi ne sunan mai kiɗan. Wata waƙar kuma tsiya ce zalla, saurayi yana yi wa ’yan mata masu ji da kansu ba’a, suna cika suna batsewa, mai kallo kuma ya riga ya gane inda za a kwana.

Wadda ta fi ba ni sha’awa ita ce dabarar murya. Muthuraman, wanda ya fito a Vasu, idan yana saurayinsa a bakin teku tare da budurwarsa, K. J. Yesudas ne yake ba shi murya, mai taushi, lokacin Yesudas yana matashi. Da ya manna gemu ya zama tsoho, sai aka ɗauko Sirkazhi Govindarajan, mai murya kamar ƙararrawa wanda aka fi sani da waƙoƙin ibada da na gargajiya, shi ya rera waƙar da take ɗauke da sunan fim ɗin, tsohon bogi yana zolayar yarinyar da ba ta gane shi ba. Mutum ɗaya, murya biyu, kuma sauyin muryar shi kansa abin dariya ne tun kafin ka ji baiti ɗaya. Shi kuma Chellappa an ba shi tasa waƙar, inda yake koya wa jarumarsa rawar fim, wato fim yana yi wa waƙar fim dariya a tsakiyar waƙar fim.

Kada kuma a ɗauka su ba sa aro. Ɗaya daga cikin waƙoƙin soyayyar fim ɗin, karinta ya jingina da Bésame Mucho, sananniyar waƙar nan ta ƙasar Mekziko. Sun ɗauko, sun jiƙa, sun dafa da kayan miyarsu har ta zama tasu.

Ga gwajin da nake yi wa kowane fim mai waƙa: cire waƙar ka gani. A wannan fim, in ka cire ta zanga-zanga, ka cire yadda Ashok ya zame wa gidan ƙarfen ƙafa. In ka cire ta tsohon bogi, ka cire ƙololuwar wasan ɓad-da-kama. Yanzu ɗauko fina-finanmu na soyayya daga 2000 zuwa yau ka yi musu wannan gwajin. A mafi yawansu za ka iya zare waƙar daga wannan fim ka dasa a wancan, ba wanda zai lura. Saurayi ya kalli budurwa, hoto ya dushe, sai ga su a lambu sun sauya kaya sau biyar, a dawo a ci gaba daga inda aka tsaya kamar an je talla.

Yadda muka iso nan ba ɓoyayye ba ne. Gidan silima na Rex ya buɗe a Kano a 1937, kuma Kwarori masu harkar silima ne suka fara shigo da fina-finan Indiya a shekarun 1950, suka ga sun fi na Amurka da Ingila karɓuwa. Mother India na 1957 ya zama kamar ɗan gida. A Zariya, kamar sauran biranen Arewa, silima harkar Sabon Gari ce, can kusa da tashar jirgin ƙasa da kantuna da baƙi, nesa da idon dattawan cikin ganuwa, kuma ɗan Samaru da ya je kallo ya san da wace fuska zai dawo gida. Daga baya talbijin ta kai Indiya har ɗakin matan aure. Farfesa Abdalla Uba Adamu ya ƙirga fina-finan Indiya 1,176 da tashar NTA ta Kano kaɗai ta nuna tsakanin 1977 da 2003. Brian Larkin, wanda ya yi bincike a Kano a shekarun 1990, ya nuna cewa abin da ya ja Bahaushe shi ne ganin mutane masu kunya da girmama iyaye irin nasa suna fama da auren dole da son zuciya, a duniyar zamani wadda ba ta Turawa ba. Har laƙabi muka ba jaruman, Dharmendra ya zama sarkin ƙarfi, Sanjay Dutt ɗan daba mai lasin. ’Yan bandiri kuma suka ɗauki karin waƙoƙin suka mayar da su begen Annabi.

Duk wannan gaskiya ne, amma akwai abin da ban cika jin an faɗa ba. Shekara da shekaru muna kallon fina-finan nan ba ma jin harshen. To me yake tsallake katangar harshe ba tare da tafinta ba? Hawaye yana tsallakewa. Naushi yana tsallakewa. Karin waƙa da rawa suna tsallakewa. Barkwanci kuwa a bakin ƙofa yake tsayawa, domin rabinsa a cikin kalma yake, a juya magana, a ba da amsar da ba a zata ba. Idan ɗan barkwancin fim ya fito yana zuba, lokacin ne ake fita sayen gyaɗa da rake. Ma’anar baitocin ma haka ta wuce mu. Mun ji daɗin sauti, ba mu san cewa a fim mai kyau baitin yana faɗin abin da jarumi ya kasa faɗa da baki ba, ko yana tona abin da wani yake ɓoyewa. Saboda haka yaran da suka tashi a gaban wannan allo, da suka girma suka kama kyamara bayan fim ɗin Hausa Turmin Danya na 1990, abin da idonsu ya koya shi suka yi: mutum uku a kan so ɗaya, uba mai taurin kai, kuka, da waƙa a matsayin hutun rabin lokaci. Da fim ɗin Sangaya ya yi kasuwar da ya yi saboda waƙarsa, sai ’yan kasuwar fim na Ƙofar Wambai suka gane inda kuɗi yake. Aka koma ana buga waƙa a fiyano tun kafin a san labarin, a yi tallar fim da ita, daga baya a nemo labarin da za a rataya mata.

Dariya kuma aka ware mata nata ɗaki. Masana’antar ta rabu biyu, santimental da camama. Santimental na gidan bene ne da mota da ’yan kwalisa, ba mai dariya a ciki sai in maigadi ko ɗan aike ya leƙo. Camama ta ƙauye ce, kuɗinta kaɗan, a ɗauke ta cikin ’yan kwanaki. Marigayi Rabilu Musa Ibro, wanda ya rasu a Disambar 2014, baiwar da Allah ya yi masa ba ta gaza ta Nagesh ba, kuma ya iya ɗaukar waƙar da ake yayi ya juya ta ta koma abin dariya. Amma sau nawa aka ba shi rubutaccen labari mai ƙulli, aka sa shi a tsakiyar fim mai tsada, ya zama ɗan gidan attajiri wanda shirmensa yake tura labarin masoya gaba? Mun bar shi yana ɗaukar fim a kansa shi kaɗai, da abin da ya zo bakinsa. Na san an samu sauyi a zamanin shirye-shirye masu dogon zango, Gidan Badamasi ya nuna ana iya rubuta barkwanci a tsara shi, Daɗin Kowa ya gauraya raha da rayuwa. Sai dai a can ma an raba gari da waƙa ne gaba ɗaya, ba a sa ta aiki ba.

Na san abin da wani zai ce, kuma ba maganar banza ba ce. Zai ce rawa da waƙa tsakanin namiji da mace ba al’adarmu ba ce, malamai sun yi ta faɗa, Hukumar Tace Fina-finai ta Kano tun kafuwarta a 2001 take fama da wannan, don me za a ƙara tura mu Indiya? Na yarda da rabin maganar. Saurayi da budurwa suna zagaye bishiya suna karairaya, wannan kayan aro ne, kuma bai rufe mana katara ba. Amma waƙa a cikin labari tamu ce tun kafin a haifi wanda ya ƙera kyamara. A tatsuniya, idan aka zo wurin da magana ba za ta iya ba, waƙa ake sakawa: tsuntsu ya rera ya tona asirin kishiyar uwa, yarinyar da aka canja wa kama ta rera a gane ta. Cire waƙar, tatsuniyar ta rushe. Matar da take niƙa ko daka tana rera habaici, saƙo take aikawa, kuma wadda aka yi dominta tana ji daga ɗakinta. ’Yan kama sun daɗe suna ɗaukar waƙar manyan makaɗa su mayar da ita ta tuwo da miya. In kuwa ana maganar saurayi da gemun aro, ai duk azumi muna ganin sa. Daga goma ga wata yara suke manna auduga a haɓa su fito tashen tsoho da gemu, ’yan mata kuma su yi na Mairama da Daudu, su kwaikwayi zaman aure a gaban masu auren suna dariya. Abin da Vasu ya yi a gidan Viswanathan, yaran Hayin Dogo suna yin irinsa kowace shekara ba tare da sun taɓa jin sunan Sridhar ba.

Akwai kuma wani amfani na dariya wanda ya dace da mu fiye da yadda muke zato. Matsalar da fim ɗin nan ya taɓo tamu ce sak: uba yana auna mai neman ’yarsa da abin hannunsa, ana tambayar ɗan wane ne kafin a tambayi halinsa. Idan santimental ya ɗauki wannan batu, dole uban ya zama bos, azzalumi, a yi ta kuka har sai ya yi nadama a gadon asibiti. Dattijon da ya kalli wannan zai ji an ci masa fuska, ya ce fim yana koya wa yara raina iyaye, kuma ba za ka ce ya yi ƙarya ɗari bisa ɗari ba. A hannun Balaiah kuwa uban ba mugu ba ne. Mutum ne mai kwaɗayi da son girma, wanda da ya ji an ce baƙo attajiri ne sai jikinsa ya hau rawa. Kana yi masa dariya kana kuma ganin kawunka a cikinsa. Al’ummar da ɗa ba ya iya kallon idon ubansa ya ce ka yi kuskure ta daɗe da samo wa kanta mafita: wasan jika da kaka, wasan taubasai, wawan sarki da yake faɗin abin da waziri ba zai iya ba. Ni Bazazzagi ina iya gaya wa Bakano maganar da in wani ya faɗa sai an kai ga hukuma, ya yi dariya ya rama. (Shi ya sa ma nake faɗa wa mutanen Kano wannan kai tsaye, na san ba za su yi fushi da ubangidansu ba.) Wannan hanya a buɗe take, masu fim ɗinmu na soyayya ba su bi ta ba.

Ba ina cewa fim ɗin 1964 ba shi da aibi ba. Ya yi tsawo, ’yan matan ba a ba su zurfin da aka ba mazan ba, kuma tambayar da ya tayar, ko talaka zai auri ’yar mai kuɗi da gaskiyarsa, ya zille mata ne da wasa. Sutura da rawar wasu wuraren ba za su shiga gidajenmu ba. Ba kwafarsa nake kira a yi ba, wankiya ai ita ta kawo mu inda muke. Ginin nake so a duba, yadda ƙarya ɗaya take haifar da ta biyu, yadda kowane mutum a gidan yake da abin da yake nema, har shi ɗan fim ɗin da ba shi da jari.

Kuma in akwai garin da ya kamata ya san yadda ake aro a narkar, Zariya ce. A 1936 aka ɗauko Abubakar Imam daga Katsina zuwa nan, aka tara masa littattafan Larabawa da na Turawa da na Gabas, ciki har da labaran da asalinsu Indiya ne, ya fito da Magana Jari Ce. Wa yake karanta shi yau ya ji ƙanshin baƙunta? Shu’aibu Maƙarfi ya rubuta Zamanin Nan Namu da Jatau Na Kyallu, ya yi wa zamani da aure dariya da Hausar da ake ji a kasuwa. Marigayi Ƙasimu Yero, ɗan garin nan, ya nuna a shirin Karambana cewa ana iya sa mutum dariya ba tare da an yi shigar mahaukata ba. A cikin jami’a kuma, tun tsakiyar shekarun 1970 da Michael Etherton ya kafa karatun wasan kwaikwayo, aka gina dandalin nan na ƙasa mai siffar gidan Bahaushe, ɗalibai suke fitowa cikin Samaru suna tattara matsalolin mutane, su mayar da su wasa mai waƙa da raha, su nuna wa masu matsalar. Kayan aikin duk suna nan, tsakanin babbar ƙofar jami’a da Kwangila. Abin da ya rage, waɗanda suka karanci ginin wasa da waɗanda suke riƙe da kyamara da fiyano ba su cika zama a tabarma ɗaya ba.

Abin da ya sa nake ganin lokacin ya yi shi ne fassara. Tunda masu fassara irin su Algaita suka fara juya fina-finan Indiya zuwa Hausa, katangar nan ta harshe ta faɗi, kuma kudancin Indiya ne ya fi cin moriya. A karon farko ɗan kallo yana jin abin da ɗan barkwancin yake cewa, masu fassarar ma har ƙara nasu gishirin suke yi, kuma sau da yawa wannan gishirin ne yara suke maimaitawa a majalisa, ba faɗan ba. Yaron nan da ya ce kada a sa masa na kuka ba soyayya ya ƙi ba, gajiya ya yi da hawaye. Sai dai har yanzu waƙa ce marainiya: ko a bar ta da harshenta, ko a datse ta a wuce, kamar dai an yarda ba ta ɗauke da komai.

Da na koma karɓar cajata na tambayi mai shagon ko yana da wannan fim, ko da na Hindin ne. Ya duba kwamfutarsa ya girgiza kai, ya ce, “Baba, tsohon fim ba ya tafiya, sai dai in an fassara.” To, ga roƙona ga masu fassara na Kano, da ɗaliban wasan kwaikwayo na nan Samaru: ku nemo Kadhalikka Neramillai ku juya mana shi, kuma in kun zo kan waƙoƙin nan 8 kada ku tsallake, ku gaya mana abin da suke cewa.